Aiki ɗaya, albashi biyu: ƙarar ma'aikatan makarantun kwana a Indiya

Gwamnatin Indiya tana da makarantun kwana iri-iri domin 'ya'yan talakawa. Akwai na Navodaya da suka samo asali daga manufar ilimi ta 1986, akwai na Eklavya domin 'ya'yan ƙabilun karkara, sannan a 2004 aka buɗe na Kasturba Gandhi domin 'yan matan yankunan da ilimi bai kai ba. Amma mutanen da ke riƙe da ɗakunan kwanan, wato masu kula da yara, masu dafa abinci da masu gadi, ba ta ƙofa ɗaya aka ɗauke su ba. Wani ma'aikacin dindindin ne mai matakin albashi da ƙarin shekara, wani ɗan kwantiragi ne da ake miƙa wa dunƙulallen kuɗi duk wata, wani kuma lada ake biyansa kullum. Daga nan ƙararraki suke tasowa, kuma a ganina masu ƙarar ne ke da gaskiya: albashi ya kamata ya bi nauyin aiki, ba takardar ɗauka ba.

Doka ma ta daɗe da karkata can. Sashe na 39(d) na kundin tsarin mulkin Indiya ya umarci gwamnati ta tabbatar da biya ɗaya ga aiki ɗaya. A shari'ar Randhir Singh ta 1982, wadda wani direban 'yan sandan Delhi ya shigar, Kotun Ƙoli ta haɗa wannan sashe da sassa na 14 da 16 masu magana kan daidaito, ta ce ana iya neman haƙƙin a kotu. A 2016, a shari'ar jihar Punjab da Jagjit Singh, kotun ta ƙara da cewa ma'aikacin wucin gadi da ke yin aikin na dindindin ya cancanci aƙalla mafi ƙarancin matakin albashin na dindindin ɗin. Sai dai ta ɗora wa mai ƙara nauyin tabbatar da cewa aikin nasu iri ɗaya ne.

Gwamnatocin jihohi suna da hujja, kuma ba ta banza ba ce. Suna cewa na dindindin ya ci jarrabawar ɗauka, ana iya mayar da shi ko'ina, kuma in aka daidaita kowa baitulmali ba zai ɗauka ba. Kotun Ƙoli ta karɓi irin wannan hujja a 2019, inda ta hana dubban ɗaruruwan malaman da ƙananan hukumomin Bihar suka ɗauka daidaito da malaman gwamnati, ta soke hukuncin babbar kotun Patna da ya ba su nasara.

To amma a ɗakin kwana hujjar tana da rauni. Jarrabawa tana auna abin da mutum ya sani kafin ya shigo, ba abin da yake ɗauke da shi bayan ya shigo ba. Idan zazzaɓi ya kama yarinya da tsakar dare, matar da ke kwana kusa da ita ce za ta tashi ta nemo mota, ita za ta amsa tambayoyin iyaye, ita kuma za a fara tuhuma in abu ya ɓaci, ko da wace takarda aka ɗauke ta. Matsalar ita ce wannan aikin dare ba ya shiga rajista yadda darasin aji ke shiga jadawali, don haka mai ƙara yakan rasa shaidar da kotu ke nema, alhali aikin da ya fi nauyi shi ne wanda ba a rubuta ba. Maganar kuɗi kuwa, gwamnatin da ta karɓi amanar 'ya'yan mutane dare da rana ta riga ta ɗauki nauyin biyan masu tsaronsu. In kasafi bai isa ba, ba mai dafa abinci ce ya dace ta cike giɓin daga ladanta ba.

Shari'a kan ɗauki shekaru, kuma ɗan kwantiragin da ya kai mai ɗaukarsa ƙara yana tsoron kada a ƙi sabunta masa. Abin da jihohi za su iya yi ba tare da jiran alƙali ba shi ne rubuta ayyukan kowane muƙami dalla-dalla, har da awannin dare, sannan su ɗora matakin albashi a kan wannan rubutu.