Wanda ya zauna aka zana shi, aiki ya yi ko zaman banza?

Duk mai bin babbar hanya daga Gidan Rumji, ya ratsa Maraɗi, ya wuce Aguié har Gazawa, ba zai rasa ganin allunan masu aski da na teloli ba, an zana kawuna da riguna da fenti. Wani allon ka ga kai kamar zai yi maka magana, wani kuwa wuya ya karkace, ido ɗaya ya fi ɗaya. Mukan ɗora laifin duka a kan mai fenti. Amma sau da yawa bambancin shi ne: wancan mutum ya zaunar a gabansa yana duba, wannan kuwa tsohon kalanda ya kwafa.

Ba wani sabon abu ba ne. A Zariya, tun 1955 ake koyar da zane a kwalejin da ta koma Jami'ar Ahmadu Bello a 1962, inda irin su Yusuf Grillo da Bruce Onobrakpeya suka yi karatu. A makarantu irin wannan akwai darasi na musamman da ake kawo mutum ya zauna ko ya tsaya, ɗalibai su kewaye shi suna zana shi. Mun san malamanmu suna da maganganu kan zanen mai rai, wannan fagensu ne. Mu dai zancenmu a kan haƙƙin mai zaman ne, wanda ke zaune da tufafinsa da mutuncinsa.

Jama'a, zaman nan wahala ce. Mai karatu ya gwada ɗaga hannu ɗaya ya riƙe na minti biyar ba motsi. Shi ya sa a ɗakunan zane masu tsari ba a cika barin mutum ya wuce minti 20 zuwa 25 ba sai an ba shi hutu, kuma kafin ya tashi a sa alli a ƙasa inda ƙafafunsa suke, domin ya koma daidai. In aka hana shi hutun, kafaɗa ta fara saukowa, wuya ya lanƙwashe, fuska ta ɗaure. Mai zane ya goge ya gyara, ya sake gogewa, har takarda ta yi dauɗa, a ƙarshe a samu kan mutum na safe a jikin mutum na azahar. 'Yan uwanmu mata sun fi kowa sanin wannan: makitsiyar da ke finciko kan yarinya tana yi mata tsawa, kitsonta ba ya miƙewa, haka mai lalle in hannu ya gaji yana rawa.

A Ingila, cikin sanyin 1852, mai zane John Everett Millais ya sa wata budurwa, Elizabeth Siddal, ta kwanta cikin baho cike da ruwa yana zana ta. Fitilun da ke ɗumama ruwan suka mutu, shi ko bai lura ba, ita kuma ta yi kawaici. Ta kwanta ciwo, har mahaifinta ya nemi fam 50 kuɗin magani. Hoton ya yi suna, yana nan a Landan har yau. Wato ba kullum zaluncin ke bayyana a jikin zane ba, wani lokaci mai zaman ce ke biyan kuɗin kyansa da lafiyarta.

Ga kuma na kusa. Ben Enwonwu na Najeriya sai da ya nemi yardar dangin wata 'yar sarautar Ife, Adetutu Ademiluyi, kafin ya zana ta. Hoton na 1974, wanda ake kira Tutu, an sayar da shi a Landan a 2018 kan fam miliyan 1.2, kusan sefa miliyan 900 a canjin lokacin. To, fuska ma ashe haja ce.

Nan ne abin ya shafe mu 'yan kasuwa. Yau mai zane ba sai ya zo da fensir ba, waya ce a hannunsa. Ya tsaya gaban mai fura ko mai tuyar ƙosai ya ce, "Inna, ɗan riƙe ludayin nan haka," ciniki ya tsaya, mai ya ƙone, shi ya tafi da hoto ita ta tashi da "na gode". A ganinmu wannan bai dace ba.

Don haka, Hajiya, in an nemi ki zauna, ki yi ciniki kamar yadda kike yi a kan tiyar gero. Ki tambayi tsawon lokacin, ki yanka kuɗin kafin a fara, ba bayan an gama ba, a ba ki inuwa da ruwan sha da damar miƙe ƙafa. Ki kuma san inda hoton zai je: allon shago ne, ko Facebook, ko kasuwar waje? In yarinya ce 'yar talla aka nema, sai an je gida an ga iyayenta tukuna.