Karl Freund, Gwanin da Ya Kwance wa Kyamara Dabaibayi

Yau shirinmu zai kai mu Jamus, mu ji tarihin Karl Freund, wanda aka haifa a shekarar 1890 a ƙasar Bohemiya cikin wani gida na Yahudawa, iyayensa suka yi ƙaura da shi zuwa Barlin yana yaro, a can kuma ya fara neman abinci da haska fim a gidan majigi tun gemu bai fito masa ba.

A zamanin da ya shiga wannan sana'a, galibi akan kafe kyamara ne bisa ƙafafunta uku, ta tsaya cik, 'yan wasa su yi ta kai da komo a gabanta. Amma a 1924, sa'ad da shi da darakta Murnau suka ɗauki fim ɗin Der letzte Mann a kamfanin UFA, labarin wani dattijo mai tsaron ƙofar babban otal wanda aka tuɓe masa rigar aikin da yake alfahari da ita aka mayar da shi hidimar makewayi, sai Freund ya ɗora kyamara bisa keke a cikin na'urar hawa bene, ta sauko da mai kallo har tsakiyar zauren otal ɗin. Da aka zo wurin da dattijon ya bugu da giya kuwa, Freund ya ɗaura kyamarar a ƙirjinsa ya riƙa tangaɗi, har ɗakin ya juya a idon mai kallo yadda yake juyawa a idon mashayi. Ku tuna fa, fim ne marar magana, rubutun bayani ma kusan babu shi, saboda haka duk baƙin cikin da ke zuciyar Emil Jannings, wanda ya fito a dattijon, hoto ne kaɗai ya isar da shi.

Bayan Freund ya yi fim ɗin Metropolis tare da darakta Fritz Lang, ya tafi Amurka a 1929, ya ɗauki Dracula a 1931, aka kuma ba shi kujerar darakta ya shirya The Mummy a 1932 da Mad Love a 1935. Daga nan ya koma bayan kyamara, kuma a ganina baiwarsa can take, don kuwa da fim ɗin The Good Earth na 1937 ya sami kyautar Oscar. A wannan shekarar ce ya koma Jamus ya fito da 'yarsa daga ƙarƙashin zaluncin 'yan Nazi.

Abin ta'ajibi ya zo a 1951, yana da shekara 61, lokacin da ɗan wasa Desi Arnaz ya nemi Freund ya ɗauki wasan barkwanci na talabijin, I Love Lucy, alhali manyan Hollywood suna yi wa talabijin kallon raini. Mas'alar ita ce, a fim akan tsaya a sake jera fitilu kafin kowane ɗauka, ga shi nan kuwa 'yan kallo na zaune a gaban dandali, ba dama a katse musu dariya. Freund ya rataye fitilu daga sama, ya daidaita haskensu ko'ina, ta yadda kyamarori uku za su yi aiki lokaci guda, ta nesa da ta kusa, ba wadda inuwa ta ɓata wa hoto. Da yake kuma a kan fim aka naɗi wasan, an yi ta maimaita shi shekara da shekaru, wasannin barkwanci na Amurka kuwa suka bi wannan tsari.

Ya rasu a Santa Monica a watan Mayu na 1969.