Mortal Kombat 2: Fim ɗin da ya sha zagi, amma ya ƙi mutuwa

A SHEKARAR 1995 fim ɗin Mortal Kombat, wanda aka ciro labarinsa daga gem ɗin faɗan nan na bidiyo, ya tara sama da dala miliyan 120. Ganin haka furodusoshi suka ce ai da zafi-zafi ake dukan ƙarfe, suka sako kashi na biyu mai suna Annihilation a watan Nuwamba na 1997.

Matsalar farko, 'yan wasa. Daga cikin manyan jaruman kashi na ɗaya, Robin Shou mai fitowa a Liu Kang da Talisa Soto mai fitowa a Kitana kaɗai suka dawo. An canza Raiden, an canza Sonya. Shi kuwa Johnny Cage, wanda 'yan kallo ke ji da shi, ko zama ba a gama yi ba bos Shao Kahn ya karya masa wuya. Darakta Paul Anderson ma bai dawo ba, sai aka miƙa aikin ga mai ɗaukar hoton fim na farko, John Leonetti, wanda bai taɓa ba da umarni ba.

Sai kuma cushe. Kusan duk wanda ke cikin gem ɗin sai da aka jefo shi, ya yi faɗa ɗaya ya ɓace. Sheeva mai hannu huɗu, da ake ta zumuɗin ganin faɗanta, keji ne kawai ya faɗo mata. A faɗan ƙarshe, inda jarumi da bos suka rikiɗe dodanni, aikin kwamfutar kamar ba a kammala shi ba. Masu sharhi suka yi masa kaca-kaca, cinikin ya tsaya wajen dala miliyan 51, aka jingine kashi na uku. Sai a 2021 aka sake sabon zubi.

To me ya sa har yau ake nemansa? Ni dai a ganina, ba ya gundura. Duka ne ba ƙaƙƙautawa, ga kiɗa mai tsuma jiki, ga maganganun da aka yi don a firgita ka amma sai dariya ta ƙwace maka. Irin fim ɗin da ake kallo da abokai ne ana ihu.

Kuma ku zuba ido a faɗan Liu Kang: wani matashi ɗan ƙasar Tailan na cikin masu yin tsalle-tsalle a madadinsa. Shi ne Tony Jaa, wanda Ong-Bak ya fito da shi duniya a 2003.