SARA MONTIEL: TAURARUWAR SIFEN DA TA FARA FIM BA TA IYA KARATU BA

Yau filin namu ya leƙa ƙasar Sifen, inda za mu ji labarin wata tsaleliya, son kowa ƙin wanda ya rasa, wadda aka sani da Sara Montiel.

Sunanta na yanka Mariya Antoniya Abad. An haife ta ran 10 ga Maris 1928 a Campo de Criptana, wani ƙaramin gari a yankin La Mancha. Iyayenta talakawa ne, abin da za a ci ma da ƙyar, balle a yi maganar makaranta. Sai dai Allah ya ba ta kyau da murya. Tana 'yar budurwa ta ci wata gasar waƙa, daga nan masu shirya fim suka ƙyalla ido suka gan ta, ta fito a fim ɗinta na farko a 1944.

To ga inda gizo ke saƙa. Ana miƙa mata takardar maganganun da za ta yi a fim, ita kuwa ba ta iya karantawa. Kamar yadda ta sha faɗa da bakinta, sai an karanta mata ta haddace da ka. Ku duba fa, duniya na yi mata tafi, ita kuma tana ɓoye wannan ciwo a zuci! Sai da ta tafi Meksiko a 1950, ta haura shekara 20, sannan wani marubucin waƙoƙi ɗan ƙasarsu, León Felipe, ya zaunar da ita ya koya mata karatu da rubutu. Ba ta ce girma ya zo ba, ba ta ji kunya ba.

Daga Meksiko sai Amurka. A 1954 ta fito a fim ɗin Vera Cruz tare da Gary Cooper da Burt Lancaster. A 1957 ta auri darakta Anthony Mann, wanda ya girme ta da shekara fiye da 20. Amma Hollywood ba ta yi mata daɗi ba. A fim ɗin Run of the Arrow an ba ta matsayin 'yar jajayen Indiyawa, aka kuma cire muryarta aka ɗora ta wata. Ta ga in ta zauna, iyakacinta ke nan.

A 1957 ɗin nan aka saki wani fim da ta yi a gida, El último cuplé, wanda aka haɗa da ɗan kuɗi kaɗan. Da farko wata mawaƙiya ce za ta rera waƙoƙin, da abin bai yiwu ba sai Sara ta rera da kanta, da muryar nan tata mai kauri da sanyi. Kai, jama'a suka yi ta tururuwa gidajen silima wata da watanni! A 1958 ta ƙara da La violetera. Finafinan nata soyayya ce da hawaye da waƙa, irin dai abin da ke sa mu son na Indiya.

Ta fannin aure kam ta sha gwagwarmaya, don sau 4 ta yi. Aurenta da Mann ya mutu, na biyu ma bai je ko'ina ba. Sai a hannun Pepe Tous ta sami kwanciyar hankali. Sun yi aure a 1979, suka ɗauki riƙon yara 2, Thais da Zeus, suna tare har mutuwa ta raba su a 1992. Na huɗu da wani matashi ɗan Kyuba a 2002, shi ma bai daɗe ba.

Ta bar fim a 1974 ta koma waƙa zalla. Ta mutu a Madrid ran 8 ga Afrilu 2013, tana da shekara 85.

'Yar uwa, ke da aka saya wa littafi da biro kike wasa da makaranta, ki tuna da Sara. Kyau ya kai ta gaban kyamara, amma bai karanta mata ko layi ɗaya ba. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba.