Shin Ko Kun San? Lauyan da ya ci kujerar gwamna da ratar ƙuri'a 342

A majalisun hira na cikin birnin Kano, daga Mandawari zuwa Ƙofar Mata, da an ambaci zaɓen 2019 sai maganar mazaɓar Gama da inkwankulusib, wato zaɓen da bai kammala ba, ta tashi. Amma a ranar 23 ga Maris da aka sake zaɓen Kano, Sakkwatawa ma a tsaye suka kwana, domin can ma an sake zaɓe, kuma wanda ya sha da ƙyar lauya ne: Aminu Waziri Tambuwal.

Shin ko kun san da karatun malanta ya faro? An haife shi ranar 10 ga Janairu, 1966, a garin Tambuwal, a gidan sarautar Waziri. Ya gama Kwalejin Horar da Malamai ta Dogon Daji a 1984, sannan ya karanta shari'a a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, ya kammala a 1991. A 1992 ya fito daga Makarantar Lauyoyi ta Legas.

Shin ko kun san hadimi ne kafin ya zama ɗan majalisa? Da aka dawo mulkin farar hula a 1999, ya yi wa Sanata Abdallah Wali aiki a kan harkokin majalisa. Ku riƙe wannan suna, za mu sake cin karo da shi.

Shin ko kun san sau uku mutanen Kebbe da Tambuwal suka tura shi Majalisar Wakilai? A 2003 ya shiga a inuwar ANPP, ya koma a 2007 da 2011 a inuwar PDP.

Shin ko kun san ba da yardar jam'iyyarsa ya zama Kakakin Majalisa ba? PDP ta ware kujerar ga yankin Kudu maso Yamma, ta tsayar da Mulikat Akande-Adeola daga jihar Oyo. Tambuwal ya ƙi janyewa, ya nemi goyon bayan 'yan adawa. Ranar 6 ga Yuni, 2011, mutumin da aka saba gani cikin babbar riga da hula ya shigo zauren sanye da kwat. Aka kaɗa ƙuri'a, ya samu 252, ita ta samu 90.

Shin ko kun san shi ne lauya na farko a wannan kujera tun 1999? Kanawa biyu sun riga shi zama a kanta, Salisu Buhari da marigayi Ghali Umar Na'abba, ɗan cikin birni wanda ya wakilci Birni da Kewaye. Bayan Tambuwal kuwa lauyoyi biyu suka biyo a jere, Yakubu Dogara da Femi Gbajabiamila.

Shin ko kun san sanin ƙa'ida ne ya tsare masa kujerar a 2014? Ranar 28 ga Oktoba, sai da ya bari an gama aikin ranar sannan ya sanar da komawarsa APC, nan take aka ɗage zama zuwa 3 ga Disamba. Kafin PDP ta farga, zaure ya watse. Sashe na 68 na tsarin mulki ya ce wanda ya sauya sheƙa ya rasa kujerarsa, sai fa in jam'iyyarsa ta dare gida biyu, kuma a wannan hujja ya fake. Tsige Kakaki kuma sai da kashi biyu cikin uku na wakilai, wato 240 cikin 360, adadin da PDP ba ta da shi. Abin da aka iya yi shi ne janye masa 'yan sandan da ke gadinsa.

Shin ko kun san a kansa ne 'yan majalisa suka haura ƙofa? Ranar 20 ga Nuwamba, 2014, aka kira zaman gaggawa kan buƙatar Shugaba Goodluck Jonathan ta tsawaita dokar ta-ɓaci a Borno da Yobe da Adamawa. 'Yan sanda suka garƙame ƙofar shiga. Sai ga manyan mutane sun naɗe babbar riga a kafaɗa suna dafa ƙarfe suna dirawa ciki, ana harba barkonon tsohuwa. Tambuwal dai ya shiga, ya kuma zauna a kujerarsa.

Shin ko kun san tsohon maigidansa ya kayar ya zama gwamna? A 2015 ɗan takarar PDP a Sakkwato shi ne Abdallah Wali, wanda ya yi wa hadimi shekara 16 baya. A wannan shekara wani tsohon Kakaki, Aminu Bello Masari, ya zama gwamnan Katsina.

Shin ko kun san mataimakinsa ne ya kusa raba shi da kujerar? Da Tambuwal ya koma PDP a watan Agustan 2018, Ahmad Aliyu ya tsaya a APC, ya ajiye muƙamin, ya fito takarar gwamna a 2019. Bayan zaɓen cike giɓi, Tambuwal ya tashi da 512,002, Ahmad Aliyu 511,660. Ratar 342 ce, ba ta kai jama'ar sahu goma a masallacin Juma'a na cikin gari ba. Kotun Ƙoli ta tabbatar da nasararsa ranar 20 ga Janairu, 2020, ranar da ta tabbatar da ta Abdullahi Umar Ganduje a Kano.

Shin ko kun san inkwankulusib ta sake biyo shi? Bayan ya janye wa Atiku Abubakar a zaɓen fidda gwani na PDP a Abuja a watan Mayun 2022, ya nemi kujerar sanatan Sakkwato ta Kudu, ita ma sai da aka sake zaɓe a Afrilun 2023 kafin ya samu.

Hausawa suka ce duniya rawar 'yan mata ce, na gaba ya koma baya. Ranar 29 ga Mayu, 2023, wanda ya gaji Tambuwal a gidan gwamnatin Sakkwato shi ne Ahmad Aliyu, mutumin nan na ƙuri'a 342.