Masu Ofis a Cikin Jaka: Rayuwar Ma'aikatan da Ba Su da Mazauni Guda

Tun fil'azal sana'a ita ke zaɓar wa mutum wurin zama. Manomi yana kusa da gonarsa, maƙeri yana kusa da maƙerarsa, ma'aikacin gwamnati kuwa duk garin da aka tura shi nan ne gida. To, amma a 'yan shekarun nan an sami wani rukunin ma'aikata da suka warware wannan tsohon ƙulli. Ofishinsu bai wuce kwamfutar tafi-da-gidanka da wayar salula a cikin jakar goyo ba. Wannan watan suna Tailan, wata uku masu zuwa suna Fotugal, alhali kamfanin da ke biyan su yana Amurka ko Jamus. Turawa sun ara musu sunan makiyaya, domin kamar yadda makiyayi ke bin ruwa da ciyawa, haka su ma suke bin intanet mai ƙarfi da arahar rayuwa. A wannan maƙala za mu duba asalin wannan rayuwa, da kimiyyar da ta ɗauke ta, da kuma wahalhalun da hotunan bakin teku ba sa nunawa.

Mafarin al'amarin

A shekarar 1964, marubucin kimiyyar nan ɗan Ingila, Arthur C. Clarke, ya yi hasashe a wani shirin talbijin na BBC cewa lokaci na zuwa da mutum zai gudanar da harkarsa daga tsibirin Tahiti ko Bali kamar yana zaune a Landan. A wancan zamani kwamfuta guda takan cika ɗaki, saboda haka maganar ta yi kama da tatsuniya.

Wanda ya fara gwada abin a aikace har duniya ta ji labarinsa shi ne wani Ba'amurke marubucin fasaha mai suna Steven K. Roberts. A shekarar 1983 ya bar gidansa a jihar Ohayo, ya hau wani keke na musamman, ya shiga zagayen Amurka. Guzurinsa ya haɗa da faifan tara hasken rana da wata 'yar kwamfuta samfurin TRS-80 Model 100, wadda allonta layi takwas kacal yake nunawa. A kanta yake rubuta maƙalunsa, idan ya isa inda akwai layin tarho sai ya aika su, ya ci gaba da tafiya. Sunan da ake kiran irin waɗannan mutane da shi a yau kuwa ya bazu ne bayan littafin Digital Nomad, wanda injiniyan Japan Tsugio Makimoto da ɗan jaridar Ingila David Manners suka wallafa a 1997. Hujjarsu ita ce, muddin na'urori suka ci gaba da ƙanƙancewa, sadarwa kuma ta ci gaba da araha, to babu abin da zai ɗaure ma'aikaci a gari guda.

Duk da haka, abin bai zama ruwan dare ba sai da annobar korona ta ɓarke a 2020. Kamfanoni suka rufe ofisoshi, miliyoyin ma'aikata suka koma aiki daga gida. Da yawa daga cikinsu sai suka yi wa kansu tambaya: idan aiki na yiwuwa daga ɗakina, me zai hana shi yiwuwa daga wata ƙasa? Ƙididdigar kamfanin MBO Partners ta nuna cewa Amurkawan da ke kiran kansu da wannan suna sun tashi daga miliyan 7.3 a 2019 zuwa miliyan 17.3 a 2023.

Kimiyyar da ke ƙarƙashin jakar

Abubuwa uku ne suka tallafi wannan rayuwa. Na farko shi ne batir mai sinadarin litiyam, wanda kamfanin Sony ya fara fitarwa kasuwa a 1991. Yana da sauƙin nauyi, yana kuma riƙe wuta ta sa'o'i, shi ya sa kwamfuta ta rabu da bango. Na biyu shi ne Wi-Fi, wato haɗin intanet ta igiyar rediyo, wanda aka tsayar da ƙa'idarsa ta farko a 1997. Na uku, wanda ido ba ya gani, shi ne wayoyin gilashi da aka shimfiɗa a ƙarƙashin teku. Kowane zare a cikinsu bai fi silin gashi kauri ba, amma ta cikinsu fiye da kashi 95 cikin ɗari na saƙonnin da ke tsallaka nahiyoyi suke bi.

Ga wani ɗan lissafi da ɗalibi zai iya gwadawa a aji. Haske yana gudun kimanin kilomita 300,000 a daƙiƙa guda a sarari, amma a cikin gilashi gudunsa yakan ragu zuwa kimanin kilomita 200,000. Tsakanin Lisbon da Niyok akwai wajen kilomita 5,400. Zuwa da dawowa ya zama 10,800 ke nan. Idan aka raba da 200,000, sai a ga saƙo ya je ya dawo cikin kusan kashi ɗaya cikin ashirin na daƙiƙa, wanda kunne ba zai lura da shi ba.

Yanzu a kwatanta da tauraron ɗan'adam irin na da, wanda ke tsaye a nisan kilomita 35,786 daga doron ƙasa. Kafin tambaya ta je amsa ta dawo, sai saƙo ya hau sau biyu ya sauko sau biyu, wato tafiyar kusan kilomita 143,000. Wannan ya kai kusan rabin daƙiƙa, kuma shi ne dalilin da ya sa masu hira ta irin wannan hanya suke yawan katse juna. Taurarin Starlink kuwa suna shawagi ne a nisan 'yan ɗaruruwan kilomita kawai, don haka jinkirin ya ragu ƙwarai. Shi ya sa a yau ake iya halartar taron bidiyo daga ƙungurmin daji ko daga cikin jirgin ruwa.

Yadda suke gudanar da aiki

Ba kowace sana'a ce ke shiga jaka ba. Likitan tiyata da birkila dole su je inda aikin yake. Waɗanda suka fi yawa a wannan tafarki su ne masu rubuta manhajar kwamfuta, da masu zane, da marubuta, da masu fassara, da masu tallace-tallace ta intanet, da malaman da ke koyar da harsuna daga nesa. Wasu ma'aikatan kamfani ne masu albashin wata, wasu kuwa 'yan jinga ne, sai sun samo aiki su ci.

Sirrin tattalin arzikinsu guda ne: a karɓi albashi da kuɗi mai ƙarfi, a kashe shi inda rayuwa ke da rahusa. Kuɗin hayar ɗaki guda a San Faransisko na iya ɗaukar nauyin haya da abinci da zirga-zirgar mutum a Ciyan Mai ta arewacin Tailan. Wannan ne ya sa garuruwa irin su Ciyan Mai, da Bali ta Indonesiya, da Lisbon, da Medelin ta Kolombiya, da birnin Meziko suka zama matattararsu. Mai karatu zai ga kamar ci-rani ne, sai dai an juya shi. Ɗan ci-rani yakan bar gida ya tafi inda kuɗi suke. Su kuwa suna ɗauko kuɗin ne su tafi inda za su yi auki.

Hotunan da ake yaɗawa sukan nuna mutum kwance a bakin teku da kwamfuta a cinya. Wannan talla ce kawai, domin hasken rana yana dusashe allo, rairayi da zafi kuma suna lalata na'ura. Galibinsu a ɗakunan aiki na haya suke wuni, inda ake biyan kuɗin tebur da intanet na yini ko na wata. Wani masanin halayyar al'umma a Kwalejin Jami'a ta Landan, Dave Cook, ya shafe shekaru yana bin diddigin wasu daga cikinsu. A binciken da ya wallafa a 2020 ya nuna cewa 'yancin da suka fita nema yana buƙatar horon kai mai tsanani. Da babu shugaba a kansu, babu ƙararrawar tashi, sai ga shi su da kansu suna ƙirƙiro wa kansu jadawali da ƙa'idoji irin na ofishin da suka gudo daga gare shi.

Jiki ba ya bin agogon bango

Duniya tana juyawa digiri 360 cikin sa'o'i 24, wato digiri 15 a kowace sa'a. Saboda haka duk wanda ya yi nisa gabas ko yamma da abokan aikinsa, ya shiga rikicin lokaci. Tsakanin Bali da Niyok akwai ratar sa'o'i 13 a lokacin sanyi, 12 a lokacin zafi. Taron da aka sa ƙarfe goma na safe a Niyok, ƙarfe sha ɗaya na dare ne ga wanda ke Bali a watan Janairu.

Matsalar ba ta tsaya ga hamma ba. A cikin ƙwaƙwalwa akwai wani ɗan gungun ƙwayoyin halitta da ke aiki kamar agogo. Hasken da ke shiga ido shi ke saita shi. Idan duhu ya yi, sai jiki ya saki sinadarin melatonin, wanda ke shirya mutum barci. Wannan agogo yana da hannu a zafin jiki da narkar da abinci da kaifin tunani. Muhimmancinsa ya sa aka ba Jeffrey Hall da Michael Rosbash da Michael Young lambar Nobel ta 2017, saboda gano yadda yake aiki a cikin ƙwayar halitta. Agogon nan ba ya sauyawa farat ɗaya. Yakan gyaru da kimanin sa'a guda a kowace rana. Wanda ya tsallake ratar sa'o'i bakwai, zai yi kusan mako kafin jikinsa ya daidaita. Wanda kuma ke kwana yana kallon allo mai haske don ya yi daidai da lokacin wata nahiya, kullum cikin faɗa yake da jikinsa.

Bayan wannan akwai kaɗaici. Hausawa na cewa baƙo raɓa ne, kuma abotar da aka ƙulla yau aka rabu wata mai zuwa ba ta yin saiwa. Idan ciwo ya zo, babu dangi a kusa, inshorar lafiya ta gida kuma sau da yawa ba ta aiki a waje. Ɗan jinga ba shi da fansho, ba shi da hutun rashin lafiya.

Doka da masu masauki

Bizar yawon buɗe ido a ƙasashe da yawa ba ta ba da izinin aiki ba, a yankin Shengen na Turai kuma baƙo ba ya wuce kwana 90 a cikin kowane kwana 180. Ga kuma haraji: ƙasashe da dama suna ɗaukar wanda ya zauna kwana 183 a shekara a matsayin mazauni da ya wajaba ya biya, Amurka kuwa tana bin 'yan ƙasarta da haraji ko'ina suke. Don a warware wannan, kuma a farfaɗo da kasuwar baƙi da annoba ta kashe, Barbados da Estoniya suka fito da biza ta musamman a 2020. Fotugal ta bi sahu a 2022, Sifen a 2023, Japan a 2024. A Afirka, Moris da Kef Bade sun fara a 2020, Namibiya a 2022. Kowace tana da sharaɗin samun kuɗi: Fotugal ta nemi ninki huɗu na mafi ƙarancin albashin ƙasarta, Japan ta nemi yen miliyan goma a shekara.

Su kuwa masu masauki, ba dukansu ke murna ba. Idan masu dala suka cika unguwa, mai gida yakan ga ya fi riba ya ba baƙo hayar 'yan kwanaki da ya bar ɗan gari da hayar shekara. Haya ta tashi, talaka ya koma bayan gari. An yi ta wannan koke a Lisbon, a watan Yulin 2025 kuma mazauna birnin Meziko suka yi zanga-zanga a unguwannin Roma da Kondesa. Masana sun nuna cewa ƙarancin gina gidaje da yawaitar 'yan yawon buɗe ido su ma suna da hannu, amma mai neman ɗaki bai damu da rabon laifi ba, kuɗin da aka yanka masa yake gani.

Ina matsayin matashinmu?

A nan akwai gaskiya mai ɗaci. Wannan 'yanci ba na kowa ba ne, fasfo ke raba shi. A 2024 fasfon Singafo yana shigar da mai shi wurare sama da 190 ba tare da neman biza tun daga gida ba, na Nijeriya kuwa bai kai 50 ba. Intanet ɗin ma ba ta da tabbas: ranar 14 ga Maris, 2024, wayoyin ƙarƙashin teku guda huɗu suka lalace a gaɓar Kwaddibuwa, sadarwa ta tabarbare a ƙasashen Afirka ta Yamma da dama. Ga kuma matsalar wutar lantarki da kowa ya sani.

Amma a lura, abu biyu ne aka haɗa a wannan rayuwa: yawo da kuma aiki daga nesa. Yawon yana buƙatar fasfo mai ƙarfi, aikin kuwa ƙwarewa yake buƙata. Kamfanin da ke biyan wanda ke zaune a Bali zai iya biyan wanda ke zaune a Zariya ko Maraɗi, matuƙar ya iya aikin, ya kuma cika alkawari a kan lokaci.

Saboda haka ɗalibin da wannan labari ya burge shi, kada ya fara da sayen jaka. Ya fara da lissafi, da iya rubutu mai tsabta, da harshe na biyu, da sanin kwamfuta, sa'an nan ya koyi tsare lokaci ba tare da an tsaya a kansa ba. Malamai kuma su riƙa ba ɗalibai ayyukan da za su tsara da kansu su miƙa a ranar da aka yanka. Tafiya mabuɗin ilimi ce, amma a wannan sana'a ilimin ne ke fara buɗe hanyar tafiyar.