Samanja Mazan Fama: Barkwanci da Hausar Bariki

Gabatarwa

A ƙasar Jafan akwai wasan barkwanci na zane mai motsi mai suna Sazae-san, wanda gidan talabijin na Fuji ya fara nunawa a 1969, kuma a 2013 ya shiga kundin Guinness a matsayin wasan zane mafi daɗewa a talabijin. Labarinsa bai wuce zaman iyali guda da 'yan rigingimunsu na yau da kullum ba. Wannan maƙala za ta yi tsokaci ne a kan namu wasan da ya daɗe yana ba mutane dariya, wato Samanja Mazan Fama.

Tarihin Wasan

Jigon wasan shi ne marigayi Usman Baba Pategi, Banufe daga garin Pategi ta Jihar Kwara, wanda aka haifa a 1942, ya rasu a Kaduna a watan Nuwamba na 2023. Ya yi aikin soja, don haka rayuwar da ya kwaikwaya ya san ta ciki da bai. Wasan ya yi tashe a Rediyon Kaduna da talabijin na NTA a shekarun 1970 da 1980, inda yake fitowa a matsayin samanja mai tsawa ga kuratan soja, amma matsalolin gida da na bariki su sha kansa.

Hausar Bariki

Babban gishirin wasan shi ne harshe. Tun da Turawa suka kafa rundunar sojan Afirka ta Yamma a 1897, Hausa ta zama harshen da ya haɗa sojoji daga ƙabilu daban-daban, daga nan aka sami Barikanci. A cikinsa ba a cika bambance jinsi ba, sai a ce "yarinya ya zo", haka kuma ƙ takan koma k, ɗ ta koma d. Ta wannan hanya ce kalmomin Ingilishi irin su kofur da saja da fareti da gadurum suka shigo Hausa, har da kalmar samanja kanta.

Duk wanda ya zauna a Ajiya ko ya shiga kasuwar Jimeta zai ji makamanciyar wannan Hausa a bakin Bafulatani da Babacame da Bakilbe, domin ita ce ke haɗa su ciniki. Ke nan Samanja ya ba irin wannan magana gurbi a gidan rediyo, har mai ita ya ji muryarsa a ciki.

Kammalawa

Wasu na kallon Barikanci a matsayin gurɓatacciyar Hausa, alhali kuwa shaida ce ta yaɗuwar harshen. Ya kamata ɗaliban Hausa su nemi faya-fayan wasan, su rubuta maganganunsa, su nazarce su, domin abin da ba a adana ba, mantuwa ce makomarsa.